Aljihu a gurbin tauraro

Ni 'yar Damagaram ce, amma a Paris Allah Ya ajiye abincina. Aikina kula da tsofaffi a gidajensu: wanka, girki, ba da magani a kan kari, rakiya zuwa asibiti. Cikin waɗanda na yi wa aiki akwai wata tsohuwa Bayahudiya da ta haura tamanin, mai kaifin baki da tsabtar tsiya. Ina ce mata Madam, ita kuma ta ce mini "'yata" ran da ta tashi da farin ciki. Na daɗe ina shiga gidanta kafin in san tana cikin yaran da aka ɓoye lokacin da Jamus ta mamaye Faransa. Ɗanta ma da ke zaune a Kanada guntu-guntu ya san labarin.

Wasiƙa ce ta ɓallo maganar. Daga wani ƙauye ta fito a jihar Sarthe, yamma da Paris. 'Yar manomin da ya riƙe Madam, wadda suka kwana gado ɗaya kusan shekara uku, ta kwanta ciwo, kuma 'ya'yanta sun fara fid da rai. Na karanta mata, ta yi shiru, sannan ta ce, "'Yata, ana bi na bashi, kuma masu bin bashin sun kusa ƙarewa." So take a rubuta sunan manomin da na matarsa cikin waɗanda ake kira Justes parmi les Nations, wato mutanen da ba Yahudawa ba ne amma suka sai da ransu suka ceci Bayahude a zamanin 'yan Nazi. Idonta ba ya ganin ƙananan baƙaƙe, amosani ya ƙage mata yatsu, kwamfuta kuwa ba ta taɓa taɓa ta ba. Ta ce in zame mata hannu.

Cibiyar Yad Vashem da ke Birnin Ƙudus ce ke ba da wannan karramawa. An kafa ta a 1953, kuma tun 1963 wani kwamiti ke zaman duba irin waɗannan buƙatu, a ƙarƙashin alƙali daga Kotun Ƙolin Isra'ila. Waɗanda aka karrama a duniya sun haura 28,000, na Faransa kaɗai sun wuce 4,000. Da na gaya wa yayana a waya abin da na sa gaba, cewa ya yi, "Ke kuma mene ne haɗinki da Yahudawa, ba ki ganin abin da ake wa Falasɗinawa?" Ina gani, kuma yana mini ciwo kamar yadda yake masa. Amma yarinyar da nake magana a kanta shekararta shida a 1942, lokacin ba a ma kafa ƙasar Isra'ila ba, kuma wanda za a karrama wani talakan manomi ne Kirista mai shanu 'yan ƙalilan. Na ƙara masa da cewa cikin masu wannan lambar akwai Musulmi: likitan nan ɗan Masar Mohamed Helmy da ya ɓoye wata yarinya a Berlin, da Mustafa da Zejneba Hardaga na Sarajevo, da Albaniyawa da dama. Bai gamsu sosai ba, amma ya bar ni.

A Faransa akwai kwamitin 'yan sa-kai a Paris da ke taimaka wa mutane haɗa fayil kafin a tura shi Ƙudus. Wata dattijuwa aka haɗa mu da ita, tsohuwar malamar tarihi, mai magana a hankali amma ba ta barin kalma ta wuce ba ta ƙwanƙwasa ta ba. Tun a wayar farko ta sanyaya mana jiki. Ta ce kirki kaɗai ba ya isa. Sai an nuna cewa mutanen sun san Bayahudiya suke ɓoyewa, kuma sun san abin da zai iya biyo baya. Sai an nuna ba don kuɗi suka yi ba, ba kuma don su mai da yarinyar Kirista ko su mallake ta ba. Sannan duk wannan sai da shaidar wanda aka ceta, a rubuce, da sa hannun da hukuma ta tabbatar, tare da duk wata takarda ta wancan lokacin da za a iya samu.

Nan gizo ke saƙar. Abin da ya ceci waɗannan yara shi ne rashin barin sawu: an canza suna, an ƙone wasiƙu, an hana yaro faɗin garinsu ko da a mafarki. Wanda ya iya ɓoyon sosai shi ne ya fi wuyar tabbatarwa yau. Mu kuma aka ce mu je mu nemo sawun.

Da shaidar Madam muka fara, kuma ita ta fi cin rai. Ina gama aikin gida sai in buɗe kwamfuta a teburin kicin, tana faɗi ina bugawa. Wata rana mu cika shafi, wata rana layi biyu ta ce in rufe. Malamar ta gindaya mana sharaɗi guda: a raba abin da ta gani da idonta da abin da aka ba ta labari daga baya. Sai na koma ina tsayar da ita kowane lokaci, "Madam, wannan kin tuna ne, ko gwaggonki ce ta gaya miki?" Haushi take ji, har ta taɓa ce mini na fi 'yan sanda tambaya. Amma da aka tace, abin da ya rage ƙanƙane ne kuma daram.

Iyayenta daga Poland suka zo, ubanta tela ne a gabashin Paris. A ranar 14 ga Mayu 1941 aka kira dubban maza Yahudawa baƙi da wata koriyar takarda, wai su zo a duba takardunsu na zama. Kimanin 3,700 suka amsa kiran, aka kwashe su zuwa sansanonin Pithiviers da Beaune-la-Rolande. Ubanta na ciki. Daga 7 ga Yuni 1942 aka tilasta wa kowane Bayahude da ya kai shekara shida a yankin da Jamus ke riƙe da shi ya ɗinka tauraro mai ruwan ɗorawa a ƙirjinsa ta hagu. Ta tuna uwarta na ɗinka mata shi a jikin wata kwat mai ruwan toka. Sai kamen 16 da 17 ga Yuli, wanda 'yan sandan Faransa da kansu suka yi: mutum 13,152, cikinsu yara 4,115, aka tara masu iyali a filin tseren keke na Vél d'Hiv. Ita da uwarta sun tsira ne don wata maƙwabciya ta kulle su a ɗakin ajiyar gawayi. Abin da ta tuna a nan warin gawayi ne da tafin uwarta a kan bakinta.

Bayan 'yan makonni uwar ta farke tauraron, ta miƙa ta ga wata mata da ba ta sani ba a tashar jirgin ƙasa ta Montparnasse. Malamar ta ce mai yiwuwa matar daga cikin masu rakiyar yara ce na ƙungiyar da ke lamba 36 a titin Amelot, wadda David Rapoport ya jagoranta har aka kama shi a Yunin 1943. Sarthe ta dace da wannan aiki, domin tun kafin yaƙi matan ƙauyukan can sun saba karɓar 'ya'yan mutanen Paris su rena su ana biyansu wata-wata. Ƙarin yaro ɗaya a gida ba ya ɗaga gira. Ni wannan bai ba ni wuyar ganewa ba, don kusan kowane gida a unguwarmu akwai 'yar riƙo, kuma ba mai tsayawa tambayar dalili.

Sunayen iyayenta ba su yi wuyar samu ba. Abin takaicin ke nan: masu kisan sun ajiye rajista tsaf. A Mémorial de la Shoah, gidan tunawa da kisan ƙare-dangin da aka yi wa Yahudawa, da ke unguwar Marais a Paris, akwai bango da aka sassaƙa sunayen Yahudawa kusan 76,000 da aka kwashe daga Faransa, kimanin 11,400 daga cikinsu yara, kuma jerin fasinjojin kowane jirgi yana nan, albarkacin aikin da lauya Serge Klarsfeld ya fitar tun 1978. Uban yana cikin jirgin da ya tashi daga Pithiviers ranar 25 ga Yuni 1942 zuwa Auschwitz, sansanin da 'yan Nazi ke kashe Yahudawa. Uwar ta biyo ta sansanin Drancy da ke kusa da Paris a shekarar da ta biyo baya. Cikin ɗan lokaci ma'aikaciyar wurin ta buga mana kwafi. Na waɗanda suka yi ceton kuwa, ko layi ɗaya babu.

Dole muka nufi Sarthe. Na tura ta a keken guragu muka hau jirgi zuwa Le Mans, babban birnin jihar, jikar manomin ta ɗauke mu a mota. Ganawar tsofaffin biyu ba ta yi kama da abin da na zata ba. Babu kuka. 'Yar manomin da ke kwance tana jinya ta buɗe ido ta dube ta, ta ce, "'Yar ƙarama, har yanzu ba kya cin abinci?" Madam ta ce, "Ke kuma har yanzu kina sa ido a kwanon mutane." Suka yi dariya har tari ya sarƙe mai jinyar.

A bakinta muka samu abin da ya fi komai nauyi a fayil ɗin. Tana da shekara goma lokacin, ta fi Madam wayo. Ta ce daren da aka kawo yarinyar, uwarta ta cire mata kwat za ta rataye, sai ta tsaya ta kai ta kusa da fitila. A ƙirjin hagu yadin ya fi sauran duhu, don rana ba ta taɓa shi ba, ga kuma huda-hudan allura sun zagaye wurin, kusurwa shida. Ta nuna wa mijinta. Bai ce uffan ba, ya ɗauki hularsa ya fita wajen shanu. Matar ta ɗauko wani tsohon wandonsa ta yanki ƙyalle, ta zauna ta ɗinka aljihu a kan wurin, ta kuma ɗinka wani a dama don kada ɗaya ya ja ido. Da ta gama ta juyo ta ce wa 'yarta, "Wannan 'yar ƙanwata ce daga Paris, bama-bamai suka koro ta. In na ji kin faɗi wani abu daban, sai na yanke miki harshe." Madam ba ta taɓa jin wannan labari ba sai ranar. Ta tuna aljihunan, har tana zuba ƙwallon goro na Turawa a ciki, amma ta ɗauka ado aka yi mata.

Jikar ta tashi ta ɗauko gwangwanin biskit cike da hotuna. A ciki akwai hoton 'yan makaranta an jera su a gaban bango, ga wata siririyar yarinya a layin gaba da kwat mai aljihu biyu a ƙirji, yadinsu bai yi daidai da na kwat ɗin ba. Malamar da na tura mata hoton a waya ta kira ni nan take, muryarta na rawa. Ga shaidar cewa sun sani tun daren farko.

Saura maganar kuɗi, wadda ita ce nake tsoro. Sun karɓi kuɗi, babu musu. Uwar Madam tana ɓoye a Paris tana ɗinki, tana aiko da kuɗin wata. Jikar ta shiga damuwa, tana ganin za a ce kakanninta sana'a suka yi. Malamar ta kwantar mata da hankali: karɓar kuɗin ci da sha ba ya soke komai, ana cikin yunwa, kuma talaka ba zai ciyar da ƙarin baki da iska ba. Abin da kwamiti ke dubawa shi ne ko an tsawwala farashi don an ga mutane a matse, da kuma abin da ya faru ran da kuɗin ya yanke. Akwai gidajen da suka mai da yara da zarar an daina biya. Akwai waɗanda suka mai da su bayin gona.

Amsar tana cikin wani littafin lissafi mai baƙar fata da matar manomin ke rubuta cinikin ƙwai da man shanu. Na riƙe shi da hannuna, takardun sun yi ja, rubutun fensir ne. Kowane farkon wata akwai layi guda: "ƙaramar", sai adadin kuɗi. Haka yake tafiya har cikin 1943. Daga nan kalmar na nan, wurin kuɗin kuma an ja ɗan layi kawai. Wata na biye, layi. Na bayansa, layi. Can gaba ma ta daina rubuta kalmar, sai dai ka ga "takalmin katako, biyu", "rigar makaranta, biyu". Watan da kuɗin ya tsaya ya yi daidai da lokacin da takardun Drancy suka nuna an kama uwar. Kusan shekara biyu suka ci gaba da riƙon ba ko anini, har bayan sojojin Amurka sun shigo Le Mans a Agustan 1944, har zuwa 1945 da wata gwaggonta da ta tsira ta zo ta tafi da ita.

A ganina wannan littafi ya fi duk wani jawabi da aka yi daga baya. Matar ba ta rubuta shi don kowa ya gani ba. Mace ce mai ƙirga ƙwai ɗaya-ɗaya, ta san sarai abin da yarinyar ke ci mata, kuma ta bar ta.

Maganar coci ba ta ɗau lokaci ba. Sun riƙa zuwa da ita kowace Lahadi, sun koya mata addu'o'in, don yaron da bai iya su ba a ƙauye irin wannan tamkar ya rataya allo ne a wuya. Amma ba a yi mata baftisma ba, kuma rajistar cocin ta tabbatar da haka. Ana kula da wannan batu ƙwarai a Faransa tun rikicin 'yan'uwa biyu na gidan Finaly, waɗanda mai riƙonsu ta yi wa baftisma bayan yaƙi ta ƙi mai da su ga danginsu, sai a 1953 aka karɓo su da ƙyar.

Game da haɗari kuwa, malamar ta ce mu faɗi gaskiya kada mu ƙara gishiri. A Poland doka ce a rubuce tun Oktoban 1941 cewa wanda ya ɓoye Bayahude kisa ne hukuncinsa. A Faransa ba haka dokar take ba, amma ana kama mutane, a ɗaure, wasu a tura su sansanin gwale-gwale. Kuma farautar yara ba wasa ba ce: a Izieu, ranar 6 ga Afrilu 1944, 'yan Gestapo ('yan sandan ciki na Nazi) na Lyon ƙarƙashin Klaus Barbie sun kwashe yara 44 da manya bakwai daga gida guda. Mai jinyar ta tuna sojojin Jamus sun shigo gonarsu karɓar doki, ɗaya ya ɗaga "ƙaramar" sama yana mata wasa, uwarsu na tsaye da bokitin madara ba ta ko motsa ba. Haka muka rubuta shi, ba ƙari.

Rajistar makarantar muka samu a ma'ajiyar tsofaffin takardu ta jiha a Le Mans. Ga Madam a ciki da sunan da ba nata ba, an ba ta sunan dangin matar manomin, an ce a wani gari na arewa aka haife ta. Wanda ya rubuta wannan ƙarya malamin makarantar ne, kuma kamar yadda aka saba a ƙananan ƙauyukan Faransa, shi ne sakataren ofishin magajin gari. Hatimi a hannunsa yake. Shi ya fitar mata da katin rabon abinci na J2, rukunin yaran da suka wuce shida, wanda in babu shi ba burodi ba sukari. A shafin da sunanta yake na ƙirga wasu yara da aka rubuta "daga Paris" a gabansu, duk sun shigo tsakanin 1942 da 1943, duk sun fita bayan yaƙi.

Sa hannu ya rage. Na Madam mai sauƙi ne, na kai ta ofishin magajin garin unguwarmu da katin shaidarta, ta sa hannu a gaban ma'aikaci ya buga hatimi. Mai jinyar ba ta iya tashi, sai magajin garin ƙauyen ya zo har bakin gadonta. Ta daɗe tana jan alƙalamin kafin sunan ya cika. Muka haɗa komai: shaidu biyu, kwafin littafin ƙwai, hoton, shafin rajista, takardun iyayen, takardun haihuwa da na mutuwar manomin da matarsa, da jerin magada. Kwamitin Paris ya duba ya tura Ƙudus.

Daga nan sai jira. A can ana ba wa wani ɗan kwamiti da ya san ƙasar da harshenta fayil ɗin, ya yi nasa binciken, ya kawo wa sauran su tattauna su kaɗa ƙuri'a. An dawo mana da tambaya a kan wace ce matar da ta yi rakiya a jirgi, muka amsa cewa yarinya 'yar shida ba ta riƙe komai nata ba sai jar hula. Mai jinyar ta rasu ana cikin jiran. Madam ba ta je jana'iza ba, jikinta ya ƙi, amma kullum na shigo da wasiƙu sai ta dubi hannuna kafin ta dubi fuskata. An haura shekara kafin amsa ta zo cewa an amince da sunayen biyu, mijin da matar.

A zauren taron ƙauyen aka yi bikin. Wakilin ofishin jakadancin Isra'ila ya miƙa wa jikar lambar da takardar karramawa, aka sanar cewa za a sassaƙa sunayen a bangon lambun Yad Vashem da kuma bangon da ke gefen Mémorial a Paris. A jikin lambar akwai wani zance na littafin malaman Yahudawa, cewa wanda ya ceci rai guda kamar ya ceci duniya ne baki ɗaya. Da aka karanta shi sai da tsigar jikina ta tashi, don na san shi a aya ta 32 ta Suratul Ma'ida tun ina makarantar allo. 'Yan makaranta suka yi waƙa, Madam ta karanta rabin jawabinta ta miƙo mini in ƙarasa.

Wajen shan ruwa wani tsoho mai sanda ya matso kusa da mu. Ajinsu ɗaya da Madam. Ya ce, "Kowa fa ya sani. Mai burodi ya sani, fada ya sani, jandarman da ke zuwa a keke ma ya sani. Uwata ta ce in na kira ki da wani suna ban da wanda malam ya ba ki, ba ni ba cin abinci a gidan." Kashi uku cikin huɗu na Yahudawan Faransa sun tsira daga yaƙin, kuma ina jin irin wannan shirun na gari guda yana cikin dalilan, sai dai ba a ba shiru lambar yabo. Sunan mutum ake so, da shaida a kansa.

Shi ya sa malamin makarantar bai shiga ba. Madam ta tuna shi da sandar nuna allo kawai, ba ta ga lokacin da ya buga hatimin ba, kuma shaidar da za ta tsaya sai ta wanda ya san abin da ya yi. Malamar ta ce in aka samu ko mutum ɗaya daga cikin sauran yaran "daga Paris" da ransa, ko 'ya'yansa da wata takarda a hannu, za a iya buɗe masa nasa fayil. Sunayen da ke rajistar na bogi ne, don haka ta ranakun haihuwa muke bi, tunda sau da yawa masu ƙirƙirar takardu sukan bar ranar gaskiya don kada yaro ya rikice in an tambaye shi. Tsohon mai sanda ya ce ya tuna ɗaya daga cikinsu, wani yaro mai in'ina da aka ajiye a gidan maƙeri, kuma yana jin bayan yaƙi Lyon aka kai shi. Na rubuta wa ƙungiyar tsofaffin yaran da aka ɓoye da ke can, na haɗa da kwafin shafin, Madam ta sa hannu a ƙasa.